Gidaje Masu Dogayen Ginshiƙai: Daga Ina Salon Ya Fito, Kuma Me Za Ka Duba Kafin Ka Zuba Kuɗinka?

Jama'a, duk wanda ke zirga-zirga a Legas, Badun, Fatakwal, Inugu ko Anaca ya san irin gidan da nake nufi. Farin gida ne mai bene, a gabansa dogayen ginshiƙai guda huɗu ko shida sun tashi tun daga ƙasa har rufi, a samansu kuma akwai wani goshi mai kusurwa uku. Birkiloli na ce musu "fila", wasu kuma na ce wa gidan gaba ɗaya "Fadar White House". Yanzu abin ya shigo cikinmu. Ɗan uwa ya shekara ashirin yana fama a Mile 12, ko Kara, ko Lokpanta, ko wajen canji, Allah Ya buɗa masa, sai ka ji ya ce shi ma irin wannan zai gina, ko a nan Kudu ko can gida.

To, wannan salo yana da suna, yana da tarihi, kuma yana da dokoki. Turawa na kiransa "niyokilasik", ma'ana sabunta salon mutanen farko, wato Girkawa da Romawa. Wanda ya san dokokinsa zai sami gida mai kwarjini. Wanda bai sani ba zai iya narka miliyoyi ya ƙare da gini mai kama da raƙumi a kan ƙafafun zalɓe, wani lokacin ma har da hatsari ga iyalinsa.

Tushen abin

Asalin salon yana ƙasar Girka. A birnin Atina akwai wani gini a kan dutse mai suna Parthenon, wanda aka gina tsakanin shekara ta 447 da 432 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Ɗakin bautar wata gunkiyarsu ne. Yana da ginshiƙai 8 a gaba, 17 a kowane gefe. A wancan zamani ginshiƙi ba ado ba ne. Babu rodi, babu siminti irin namu, don haka ginshiƙan dutse ne ke ɗauke da rufin baki ɗaya.

Da Romawa suka yi ƙarfi sai suka kwashi wannan ilmi suka ƙara masa baka da ƙubba. Wani maginin Rum mai suna Vitruvius, wanda ya rayu a ƙarni na ɗaya kafin haihuwar Annabi Isa (AS), ya rubuta littafi a kan gini, inda ya nuna cewa gini nagari sai ya haɗa abu uku: ƙarko, amfani da kyau. Riƙe wannan jeri, don za mu dawo kansa. Ƙarko ne a gaba, kyau ne a ƙarshe.

Bayan daular Rum ta faɗi, ginshiƙanta ba su ɓata ba. Musulmin da suka gina babban masallacin Ƙurɗuba a Andalus, wanda aka fara wajajen shekara ta 785, sun ɗauko ginshiƙai daga tsofaffin gine-ginen Romawa suka kafa a ciki. Haka aka yi a masallacin Ƙairawan na Tunisiya. Daga baya a Italiya wani magini mai suna Andrea Palladio ya yi ta auna kangayen Rum, ya fitar da littafinsa a 1570. Wannan littafi ne ya zama jagorar magina da yawa a Ingila da Amurka.

Me ya sa aka koma masa?

A farkon shekarun 1700 masu kuɗin Turai, musamman a Faransa, sun cika gidajensu da ado har ya gundiri mutane. Ko'ina ruwan zinariya, ko'ina lanƙwashe-lanƙwashe, furanni da madubai, ba inda ido zai huta. Ana kiran wancan salo "rokoko". Masu ilmin lokacin suka fara ganinsa a matsayin alamar almubazzarancin sarakuna da fadawansu.

Ana cikin haka sai aka yi wani babban tono a kudancin Italiya. Tun a shekara ta 79 bayan haihuwar Annabi Isa (AS) dutse mai aman wuta na Vesuvius ya binne wasu garuruwan Romawa da toka. A 1738 aka fara tono garin Herculaneum, a 1748 kuma aka fara na Pompeii. Sai ga gidaje da tituna da zanen bango da kayan ɗaki sun fito kamar jiya aka bar su. 'Ya'yan masu hali daga Ingila da Jamus da Faransa suka riƙa tururuwa zuwa kallo, suna komawa gida da zane-zane da kayan tarihi.

Wani Bajamushe mai suna Johann Winckelmann ya fitar da littafin tarihin fasahar mutanen da a 1764. Abin da ya riƙa koyarwa shi ne kyau na gaskiya yana cikin sauƙi da natsuwa, don haka a koma a yi koyi da Girkawa. Shekara biyu kafin nan, a 1762, wasu Turawan Ingila biyu, James Stuart da Nicholas Revett, sun fitar da littafin da suka auna gine-ginen Atina ɗaya bayan ɗaya. Ka ga ke nan magini a Landan ya sami awo a hannunsa ba sai ya je Girka ba. Daga nan salon ya bazu, ya yi tashe sosai daga wajajen 1760 zuwa 1850.

Yadda za ka gane shi

Alama ta farko ita ce daidaito. Idan ka ja layi a tsakiyar ginin, dama da hagu iri ɗaya ne sak. Ƙofa a tsakiya, tagogi uku a nan, uku a can. Shi ya sa ginshiƙan gaba kullum adadinsu cika yake, 4, 6 ko 8. Idan ka sa 3 ko 5, ɗaya zai tsaya ƙiƙam a gaban ƙofa.

Alama ta biyu ita ce ginshiƙan kansu, kuma manyansu iri uku ne. Na farko shi ne Dorik: kakkaura, gajere, kansa ba ado, irin na Parthenon. Na biyu shi ne Ayonik: ya fi siranta, a kansa akwai nannaɗe guda biyu kamar ƙahon tsohon rago. Na uku shi ne Korintiyan: ya fi su duka tsawo da ado, kansa kamar kwando ne da ganye ya lulluɓe shi. Wannan na ukun shi ne aka fi gani a sababbin gidajen Kudu, don ya fi ɗaukar ido.

Alama ta uku ita ce goshin nan mai kusurwa uku da ke kan ginshiƙai, wani lokacin kuma da ƙubba a bayansa. Ta huɗu ita ce bango shafaffe, layuka miƙaƙƙu, ado kaɗan a inda ya dace.

A wajen masu zane da sassaƙa ma haka abin ya kasance. Fitaccen mai zanen Faransa, Jacques-Louis David, ya yi wani zane a 1784 na wasu 'yan uwa uku na tsohuwar Rum suna rantsuwa a gaban mahaifinsu cewa za su yi yaƙi domin garinsu ko da za su mutu. Zanen ba shi da ƙyale-ƙyale, saƙonsa shi ne ƙasa tana gaba da son rai. Shekara biyar bayan haka, a 1789, juyin juya halin Faransa ya ɓarke, kuma David yana cikin magoya bayansa. A Italiya kuma Antonio Canova, wanda ya rasu a 1822, ya shahara wajen sassaƙa farin dutsen mabul.

Ginshiƙi da mulki

Abin da ya sa wannan salo ya kai ko'ina a duniya shi ne masu mulki sun gano yana magana da bakinsu. Gini mai ginshiƙai yana cewa: mu masu tsari ne, mun daɗe, kuma ba inda za mu.

Amurka ta ayyana 'yancinta daga Ingila a 1776, kuma shugabanninta na farko suna son a riƙa kallonsu a matsayin magadan jamhuriyar Rum. Thomas Jefferson, wanda ya zama shugaba na uku, shi ya tsara ginin majalisar jihar Virginia a shekarun 1780, ya kwaikwayo wani tsohon ɗakin bautar Romawa da ke garin Nimes a Faransa. An aza harsashin Fadar White House a 1792 bisa zanen James Hoban, ɗan asalin Ailan, shugaba John Adams ya tare a 1800. Sojojin Ingila sun ƙone ta a 1814 aka sake ginawa. Ginin majalisar dokoki na Capitol an fara shi a 1793. Kuma kada mu manta, cikin waɗanda suka fasa duwatsu suka ɗauki kaya a waɗannan gine-gine biyu akwai bayi baƙar fata.

'Yan canji, ku juya dala ku gani. A bayan takardar dala 20 akwai White House, a bayan dala 50 akwai Capitol, a bayan dala 10 ginin baitulmali, a bayan dala 5 kuma ginin tunawa da Lincoln, wanda aka buɗe a 1922 mai ginshiƙan Dorik 36. Wato kullum wannan salo yana wucewa ta hannunku.

A Barlin akwai Ƙofar Brandenburg da aka gama a 1791. A Faris akwai Pantheon da aka gama a 1790. A Landan akwai gidan tarihi na British Museum, wanda aka fara gininsa na yanzu a 1823, mai ginshiƙan Ayonik 44 a gabansa. A cikinsa ne ake ajiye da ɗaruruwan kayan tagulla da sojojin Ingila suka kwashe daga Binin a 1897.

Da Turawa suka fita mulkin mallaka sai suka tafi da salon a aljihu. A Kalkata ta Indiya sun gama fadar gwamna a 1803 a wannan salo. A nan Najeriya misali mafi kusa da mu shi ne Mapo Hall a Badun. An fara shi a 1925 aka gama a 1929, injiniyan da ya yi aikin wani Bature ne mai suna Robert Jones, wanda ake wa laƙabi da Taffy. An ɗora shi a kan tudun Mapo, inda za a riƙa hango manyan ginshiƙansa daga nesa a kan rufin kwanon gari. Ba a banza aka zaɓi tudun ba. Har yau 'yan siyasa can suke zuwa yin gangami. Mazauna Sabo da Sasa, duk ranar da kuka sami sarari ku je ku dubi yadda kaurin ginshiƙan ya dace da tsawonsu.

Kada kuma a haɗa wannan da tsofaffin gidajen Legas da bayin da suka dawo daga Burazil suka gina, irin su Masallacin Shitta-Bey da aka buɗe a 1894. Wancan salon Burazil ne, ya fi ado da lanƙwasa. Bayan haka, a shekarun 1950, sai aka juya zuwa salon zamani mai bango hudajje domin iska, kamar yadda ake gani a tsofaffin gine-ginen Jami'ar Ibadan. Ginshiƙan da muke gani yau a gidajen attajirai dawowa ce ta daga baya.

Cikin ɗaki

Salon bai tsaya a waje ba. Wani magini ɗan Sukotlan mai suna Robert Adam, wanda ya rayu daga 1728 zuwa 1792, shi ya fi shahara wajen shigo da shi cikin gida. Dabararsa ita ce a tsara ɗaki gaba ɗaya lokaci guda: silin, bango, darduma, kujeru, har da madubi, duk su yi magana ɗaya. Launukansa masu sanyi ne, kore mai haske, shuɗi mai haske, ruwan madara, sai farin ado na filasta siriri a kai. Ƙafafun kujeru da tebura miƙaƙƙu ne suna sirancewa zuwa ƙasa.

Adon POP da ake zagaye silin da shi yau, da firam-firam ɗin da ake yi a jikin bango, jikokin wancan aiki ne. Amma manyan kujerun nan masu ruwan gwal da sassaƙa ko'ina, waɗanda ake ce wa "royal" a shagunan kayan ɗaki, sun fi kusa da rokoko, wato ainihin abin da masu wannan salo suka guda. Idan ka cusa su a ƙaramin falo tare da ginshiƙai biyu da fitilar lu'ulu'u da labule mai gwal, ka haɗa kishiyoyi ne a ɗaki ɗaya.

Maganar gumaka kuwa, gaskiya ne gidajen Turawa na wannan salo sukan ajiye mutum-mutumi. Amma tsarin bai dogara da su ba. Daidaito, awo, ginshiƙi da adon ganye sun isa su fitar da shi.

Kafin ka kira birkila

Na farko, awo. Duk wanda ya tashi a gidan fataken shanu kamar ni ya san ba a sayen sa don tozo kaɗai, sai an dubi ƙafafu ko za su ɗauki jikin. Ginshiƙi ma haka yake. Dokar da maginan Italiya suka bari ita ce tsawon Dorik ya ninka kaurinsa na ƙasa sau 8, Ayonik sau 9, Korintiyan sau 10. Ga lissafi mai sauƙi: idan ginshiƙinka zai tashi ƙafa 20, wato bene ɗaya da ƙasansa, kuma Korintiyan kake so, kaurinsa ya kamata ya kai ƙafa 2. Idan aka yi maka mai ƙafa 1, ya ninka sau 20 ke nan, zai zama kamar sandar rake da hula. Kuma ginshiƙi na gaskiya yana ɗan sirancewa daga ƙasa zuwa sama. Wanda aka zuba a cikin bututu miƙaƙƙe ba zai taɓa yin wannan kyan ba.

Na biyu, kuma shi ne mai batun rai a ciki: ka tambaya ƙarara, wanne ginshiƙi ne ke ɗauke da nauyi, wanne ne na ado? Da yawa daga cikin waɗanda ake sayarwa a bakin titi ɓawo ne kawai na siminti da aka zuba a mazubi, ana haɗa ɓari biyu a rufe. Irin wannan riga ce, dole a cikinsa a sami ginshiƙin kankare da rodi wanda injiniya ya lissafa, mai nasa harsashin a ƙasa. Idan aka ɗora baranda ko dekin a kan ɓawon da aka cika da ragowar kankare, to an ɗana tarko ne a daidai inda yara ke wasa. Goshin nan mai kusurwa uku shi ma nauyi ne da shi idan na bulo ne. Mutanen Legas ba su manta da benen nan mai hawa 21 da ya rushe a Ikoyi ranar 1 ga Nuwamba 2021 ba, inda mutum fiye da 40 suka rasu. Ba ginshiƙan ado ne suka kayar da shi ba, amma darasin ɗaya ne: kyan waje ba ya riƙe gini. Ka nemi injiniya mai rajista da hukumar COREN, ka karɓi takardar izinin gini daga hukumar jihar da kake ciki. 

Na uku, yanayi. Girka da Italiya ba su da ruwan sama irin na Fatakwal ko Kalaba. Farin fenti a Kudu damina biyu ta ishe shi ya yi baƙi-baƙi da gansakuka, musamman a lungunan ganyen Korintiyan inda ruwa ke kwanciya. POP kuma ba ya shiri da laima, don haka kada ka yarda a sa maka shi a waje. Idan aka ɗaga bango aka ɓoye kwano don gidan ya yi kama da na Turai, to sai an yi magudanar ruwa mai faɗi, in ba haka ba ruwan zai bi bango ya sauko kan silin ɗinka. A kusa da teku kuma yashi mai gishiri yana cin rodi daga ciki. Wanda zai gina a Arewa matsalarsa ƙurar hunturu ce, ita ma lungunan ado take nema. Dorik mai kai shafaffe ya fi sauƙin kuɗi da sauƙin kula a duk wuraren biyu.

Ga wani abu kuma da mutane ba su cika sani ba. Girkawa ba farare suka bar gine-ginensu ba. Sun shafa musu ja da shuɗi da wasu launuka, zamani ne ya wanke su, Turawan shekarun 1700 suka tarar da farin dutse suka ɗauka haka yake tun asali. Don haka idan ka shafa ruwan ƙasa ko ruwan madara ba ka karya wata doka ba.

Na huɗu, girman fili. An tsara waɗannan ginshiƙai ne don a hango su daga nesa, kamar na Mapo. A rabin fuloti, inda katanga ke taku biyar daga ƙofa, dogon ginshiƙi ba ya samun inda zai nuna kansa, sai dai ya cinye wajen ajiye mota. Ƙaramar rumfa mai ginshiƙai biyu ko huɗu a hawa ɗaya ta fi dacewa, ga inuwa, ga wajen karɓar baƙi kamar zaure. Dogayen masu hawa biyu kuwa, rufinsu ya yi nisa da ƙasa, rana da feshin ruwa duk suna shigowa.

Na biyar, ka yi tunanin abin da gidan ke faɗa a madadinka. An yi ta amfani da wannan fuska ne a fadoji da kotuna da bankuna, don ta ce ga iko ga dukiya. Baƙo a garin mutane, ko mai gini a ƙauyen da tsaro ya yi ƙaranci, ya kamata ya auna ko wannan sanarwar yake so ya yi. Wasu sukan bar waje a sauƙaƙe su kai adon cikin falo.

Awo da tsari dai ba kayan Turawa kaɗai ba ne. A daidai shekarun da ake gina British Museum, a shekarun 1830, Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina Masallacin Juma'a na Zariya da ƙasa da azara, da manyan ginshiƙai da bakan gizo, kuma sashen cikinsa yana nan har yau. Shi ma ginshiƙansa aiki suke yi, kaurinsu daidai da nauyin da aka ɗora musu. Idan za ka ari na Girkawa, ka are shi da wannan sharaɗi: harsashi da rodi tukuna, sannan awo, sannan ado da abin da ya rage a aljihu.

Allah Ya ba kowa ikon gina nasa, Ya sa a shiga lafiya.